Yadda ake tsara kalanda ga duniya mai wata biyu

"Assalamu alaikum Malam. Ina rubuta wani dogon labari da ke faruwa a wata duniya da na ƙirƙira. Tana da rana ɗaya da wata biyu, babba fari da ƙarami ja, kuma akwai tauraruwa mai wutsiya da ke dawowa bayan shekaru masu yawa. Mutanen manoma ne da makiyaya da fatake. Na yi shekara mai wata goma, kowane wata kwana arba'in, amma da na yi nisa sai lissafin ya rikice min. A wani babi an yi farin wata, bayan kwana uku kuma na rubuta duhun wata. Yaya zan tsara kalandar da za ta fito daga abin da ake gani a sama, kuma ba za ta riƙa cin karo da kanta ba?"

Wa alaikumus salam, Malama. Abu biyu kike nema a haɗe: kwanakin labarinki su daidaita, sannan kalandar ta yi kama da wadda mutanen ƙasar suka gada kaka da kakanni. Tushen matsalar kuwa guda ne. Kin fara yanka kalanda, goma sau arba'in, sannan kika nemi sama ta biyo ta. A tarihin ɗan Adam sama ce ke gaba. Rana da wata suna tafiya a kan lissafin da ba ya rabuwa daidai, mutane kuma suna biye, kowace al'umma da dabarar da ta yi wa ragowar kwanakin da suka ƙi shiga lissafi. Wannan ragowar ita za ki riƙe, domin daga gare ta bukukuwa da iko da gardama suke fitowa.

Yadda abin yake a tamu duniyar

Daga tsayuwar wata zuwa wata tsayuwar kwana 29.53 ne. Daga damina zuwa damina, wato shekarar rana, kwana 365.2422 ne. Wata goma sha biyu kwana 354 ne da ɗan ɗoriya, saboda haka akwai giɓin kusan kwana 11 a kowace shekara. Hanya uku aka bi da wannan giɓi.

Ta farko, a bi wata kaɗai a bar yanayi ya yi tafiyarsa. Ita ce hanyar kalandar Hijira, shi ya sa azumi ke zagaye damina da hunturu da bazara cikin kimanin shekara 33. Ta biyu, a bi rana a saki wata. Misirawan dā sun yi wata 12 masu kwana 30, suka ɗora kwana 5 a ƙarshe, kuma har yau Habashawa na kan wannan gini, da ɗan guntun watansu na goma sha uku mai suna Pagume, kwana 5 ko 6. Ta uku, a riƙe duka biyun ta hanyar ƙara wata guda lokaci zuwa lokaci. Shekara 19 ta rana ta yi kusan daidai da wata 235, shi ya sa kalandar Yahudawa ke ƙara wata bakwai cikin kowace shekara 19. Larabawan Jahiliyya ma sun kasance suna jinkirta watanni, abin da aka kira nasi'u, wanda aya ta 37 a Suratut Tauba ta haramta.

Ki lura da yadda mu Hausawa muke rayuwa da lissafi uku a lokaci guda. Azumi da Salla da Hajji na bin wata. Albashi da makaranta na bin kalandar Miladiyya. Noma kuma na bin taurari 28 da malamai ke ƙirgawa, kowanne kwana 13, guda ɗaya mai 14, jimla 365, inda za ki ji ana cewa an shiga Zira'a ko Nasara ko Ɗarfa. Ƙasarki mai manoma da makiyaya da fatake ta fi dacewa da irin wannan cakuɗa fiye da kalanda ɗaya tilo da kowa ya yarda da ita.

Ki fara gina sama

Kafin ki sa wa kowane wata suna, ki zaɓi lambobi huɗu ki rubuta su inda ba za ki sake taɓa su ba: tsawon shekara, tsawon zagayen babban wata, tsawon zagayen ƙarami, da yawan karkatar duniyar. Ki bar tsawon yini kamar namu in ba labarin ne ya bukaci wani abu daban ba, don shi ne ma'aunin da mai karatu zai auna komai da shi.

Bari mu ɗauki misali kusa da abin da kika riga kika rubuta. Shekara kwana 400.3. Babban wata, daga jinjiri zuwa jinjiri, kwana 32.6. Ƙarami kwana 9.2. Da gangan na ƙi cikakkun lambobi. Shekara mai kwana 400 cif da wata mai kwana 40 cif ba su bar wa kowa aiki ba, babu mai duban wata, babu shekarar ƙari, babu dalilin da zai sa sarki ya ajiye masanin taurari a fada.

Waɗannan lambobi suna jawo wasu abubuwa da dole ki amince da su. Watan da ya fi saurin zagayowa shi ya fi kusa, bisa ƙa'idar da masanin falaki Kepler ya fitar a 1619. Da lambobinmu, nisan babban wata ya ninka na ƙaramin sau biyu da ɗan kai, don haka ƙaramin ne zai iya giftawa ta gaban babban, babban ba zai taɓa rufe ƙaramin ba. Haka nan in ranarsu irin tamu ce, shekara mai kwana 400 na nufin sun fi mu nisa da ita kaɗan, hasken da ke isa gare su ya ragu da kusan kashi 12 cikin ɗari. In kina son ƙasa mai zafi irin ta Sahel, sai ki ba su rana mai ɗan ƙarfi fiye da tamu.

Yanayi kuwa daga karkata yake zuwa. Tamu duniyar a karkace take da digiri 23.4, kuma a farkon Janairu, tsakiyar hunturunmu, muka fi kusa da rana. Karkatar da ta yi ƙasa da wannan sosai za ta sa yanayi ya kusa zama ɗaya duk shekara, a nan mutane za su fi dogara da wata. Wadda ta haura sosai za ta kawo rani da sanyi masu tsanani, a nan lissafin rana ne zai yi rinjaye domin rai ya dogara da shi.

Watanni da watan ƙari

Babu wanda ke ƙirga ɓarin kwana, saboda haka wata mai kwana 32.6 zai riƙa zuwa 33, 32, 33, 32, 33. Jimlar biyar ɗin 163 ce, daidai da 32.6 sau biyar. Sai a sake daga farko. Mai duban wata ba ya bukatar sanin wannan lissafi, idonsa ne zai kai shi ga sakamako ɗaya, amma ke marubuciya kina bukatarsa.

Wata 12 sun ba da kwana 391.2. Saura kwana 9.1 shekara ta cika. Bayan shekara uku giɓin ya haura kwana 27, bayan huɗu ya wuce wata guda. In ba a yi komai ba, watan da aka sa wa suna Watan Shuka zai faɗo cikin rani kafin yaron da aka haifa bana ya balaga. Ga yadda ake gano sau nawa za a ƙara wata: ki raba 9.1 da 32.6, ki sami 0.279, sannan ki nemi ƙaramin kaso da ya fi kusa da wannan lamba. Biyu cikin bakwai ya yi kusa. Shekara 7 kwana 2,802.1 ne, wata 86 kuma kwana 2,803.6, kuskuren kwana ɗaya da rabi. Biyar cikin goma sha takwas ya fi: shekara 18 kwana 7,205.4, wata 221 kwana 7,204.6, kuskuren bai kai kwana ɗaya ba. Goma sha biyu cikin arba'in da uku ya kusa zama cif, domin shekara 43 kwana 17,212.9 ne, wata 528 kuma 17,212.8.

Nan ne na fi son marubuci ya tsaya ya yi tunani, don lambobin nan uku sun riga sun ba ki tarihin ƙasa. Ƙauyawa na riƙe da tsohon lissafin shekara 7, mai sauƙin haddacewa, wanda aka sa a waƙa. Fada ta koma na shekara 18. Wasu tsirarun masana da suka gaji rubuce-rubucen kakanni sun san na 43, amma ba a sauraron su. Bayan shekara 70, lissafin ƙauye ya goce da kwana 15, kusan rabin wata, sai ga gari biyu na bikin girbi a lokuta daban, kowanne yana ganin ɗayan ne ya ɓata. Irin wannan ya faru a zahiri. Da Paparoma Gregory na 13 ya gyara kalanda a 1582, aka tsallake daga 4 ga Oktoba zuwa 15 ga wata, Ingila ba ta bi ba sai 1752, lokacin da sai da ta zubar da kwana 11.

Kalandarki ta goma sau arba'in ba sai kin jefar da ita ba. Ki mai da ita ta masu karɓar haraji da fatake, wadda ba ruwanta da wata ko kaɗan, a ƙara kwana ɗaya sau uku cikin kowace shekara goma don cike 0.3 ɗin nan. Abin da za ki kiyaye shi ne, a wannan lissafi farin wata ba ya da tsayayyar rana, kamar yadda ba wanda zai ce kullum 14 ga Maris farin wata ne. Ki kuma ba rabe-raben kwana arba'in ɗin wani suna daban don kada mai karatu ya haɗa su da watan sama.

Aikin ƙaramin wata

Ƙaramin wata ya yi gajarta ya zama ma'aunin wata, amma ya dace da mako. Makonni huɗu masu kwana 9 da na biyar mai kwana 10 sun ba da 46, daidai da 9.2 sau biyar. Kasuwa ta ci duk ranar da jan wata ya cika, kowa ya ɗaga kai ya san saura kwana nawa. Wannan wani abu ne da duniyarki ta fi tamu, domin makonmu bai rataya da wani abu a sama ba, shi ya sa ya bambanta daga wuri zuwa wuri. Inyamurai na da makon kasuwa mai kwana huɗu, Eke da Orie da Afo da Nkwo. Mutanen Akan na Gana sun haɗa mako mai kwana 6 da mai kwana 7 suka sami zagayen kwana 42 da suke kira Adaduanan.

Sai kuma haɗuwar watannin biyu, wadda ita ce mai karatu zai fi tunawa. Don sanin sau nawa suke jeruwa a gefe ɗaya na sama, ki ninka 32.6 da 9.2, ki raba da bambancinsu, 23.4. Amsar kwana 12.8 ce. In ƙasar na da teku, duk kusan kwana shida da rabi, wato in sun jeru a gefe ɗaya ko sun tsaya a kishiyar juna, ruwa zai yi tashin da ya fi na kullum, masunta kuwa da wannan za su yi nasu lissafi. Amma cikar su biyun a dare ɗaya ba ta zuwa da yawa haka. Bayan babban wata 2, kwana 65.2, ƙaramin ya yi zagaye 7 a kwana 64.4, ya riga shi da kusan kwana guda, kuma ga wata mai sauri irin wannan kwana guda ya isa a ga gefensa ya fara cinyewa. Haɗuwa ta sosai sai bayan babban wata 11, kwana 358.6, da ƙarami 39, kwana 358.8.

Wannan dare mai farin wata biyu yana rigan cikar shekara da kusan kwana 42, saboda haka yana ja da baya cikin yanayi, ya zagaye shekara duka cikin kimanin zuwa goma. In ya faɗo da kaka, daren sussuka da kiɗa ne har asuba. In ya faɗo da bazara, makiyaya su kora dabbobi cikin dare. Ga mayaƙa kuma dare ne da ba a kai hari don babu inda za a ɓuya. Kishiyarsa, daren da duka biyun suka ɓace, shi ne na ɓarayin shanu da masu gudun hijira.

In kin fi son watannin su yi tafiya mai tsari, akwai misali na gaske. Watanni uku na duniyar Mushtari, wato Jupiter, Io da Europa da Ganymede, suna zagayawa a kwana 1.77 da 3.55 da 7.15, kowanne ya ninka na gabansa. Ana iya samun hakan, sai dai zai rage miki abin rubutawa.

Wa ke da ikon cewa wata ya tsaya

Kalanda ba ta aiki sai da wanda ake jira ya yi magana. A Najeriya mutane na sauraron sanarwar Sarkin Musulmi kafin su ɗauki azumi ko su ajiye. A tsohuwar Rum, manyan limamai ne ke da ikon saka watan ƙari, suka riƙa tsawaita shekara ko gajarta ta don amfanin 'yan siyasa, har lissafi ya lalace, Julius Caesar ya sa shekarar 46 kafin Miladiyya ta kai kwana 445 don a dawo daidai. Ki tambayi kanki, a ƙasarki wa ke amfana in an ƙara wata. Mai bin bashi da wanda ake bi ba za su so abu ɗaya ba. Ki yanke kuma yadda labari ke isa garuruwa masu nisa, da ganga ko da wuta a kan tsauni ko da mahayi, da abin da ake yi in hadari ko ƙurar hunturu ta rufe sama. Ƙa'idar cika kwana 30 da muka sani, a wurinsu za ta zama cika 33.

Ki kuma tsai da lokacin da kwana ke farawa. A lissafin Musulunci da faɗuwar rana ne, shi ya sa daren Juma'a ke zuwa kafin yinin Juma'a. Masu bin wata galibi haka suke yi, tunda da magariba ake ganin jinjiri.

Farkon shekara da ƙirgen shekaru

Manomi na bukatar alamar da ba ta gocewa, kuma tauraro ne ke ba da ita. Kowane tauraro da ke kusa da hanyar rana yakan ɓace na wani lokaci a cikin haskenta, sannan wata asuba a hango shi a gabas dab da fitowar rana. Misirawa sun riƙe fitowar tauraron Shi'ira bayan ɓacewar kusan kwana 70, domin tana zuwa kusa da cikar kogin Nilu. Al'ummu da dama sun yi haka da Kaza da 'Ya'yanta. Ki ƙirƙiri tauraro ɗaya mai haske, ki ce shekara na farawa da jinjirin farko bayan fitowarsa. Da wannan ƙa'ida kaɗai watan ƙari zai riƙa shigowa da kansa, ba tare da kowa ya san lissafin 7 ko 18 ba: in wata na goma sha biyu ya ƙare tauraron bai fito ba, sai a ƙara guda.

Tauraruwarki mai wutsiya ta dace da ƙirgen zamani, amma kada ki sa ta zo cif. Ta Halley, wadda aka gani a 1986 kuma ake sa ran ta a 2061, tazarar zuwanta na kaiwa da komowa tsakanin shekara 74 da 79 saboda jan manyan duniyoyi. Jinkirin shekara biyu ya isa ya girgiza gadon sarautar da ta jingina halaccinta da ita. Talakawa kuma da wuya su ce shekara ta kaza. Za su ce shekarar fari, shekarar da kogi ya ci gari, kamar yadda Larabawa suka ce Shekarar Giwa kafin Halifa Umar ya tsai da ƙirge daga Hijira. Sunayen watanni su fito daga aiki da ci da sha, irin namu na Cika-ciki da Azumin Tsofaffi, kuma a sami yara masu sunan ranar haihuwa kamar Ladi da Talatu da Ɗanjuma.

Kurakuran da aka fi yi

Cikakken wata yana fitowa ne da faɗuwar rana ya faɗi da asuba, ba a ganinsa da tsakar rana. Sabon jinjiri a yamma yake bayan magariba, tsohon kuma a gabas da asuba. Wanda ya fi kama masu wata biyu shi ne wannan: rana ɗaya ce ke haska su, don haka in suna kusa da juna a sama dole kamanninsu su zo ɗaya. Ba za a ga cikakke da jinjiri gefe da gefe ba. Kusufin rana sai a duhun wata, husufin wata sai a cikarsa, kuma ba kowane wata ake yi ba, domin hanyar watanmu a karkace take da kimanin digiri 5. Ki duba shekarun mutane ma. Mai shekara 20 a can ya kusa 22 a nan, kuma cikin da muke cewa wata tara, a watansu takwas da rabi ne.

Jadawalin da zai hana rikicewa

Abin da nake ba kowa shawara shi ne dabarar masana falaki, waɗanda ke ƙirga kwanaki a jere ba tare da wata ko shekara ba. Ki buɗe Excel ko ki ja layi a littafi. Layi na farko lambar kwana, daga 0, kuma ki sa 0 ta zama daren da watannin biyu suka ɓace tare a farkon shekara. Layi na biyu ragowar da ta saura in an raba lambar da 32.6. In ta kusa 0 duhu ne, in ta kusa 16.3 farin wata ne. Na uku ragowar rabawa da 9.2, cikarsa a 4.6. Na huɗu ragowar rabawa da 400.3, wadda za ta nuna yanayi. Misali kwana na 500: babban wata na da kwana 11, ya wuce rabi yana ƙara girma, ƙarami na da 3.2, saura kwana ɗaya da rabi ya cika, kuma an yi kusan kwana 100 da shiga shekara ta biyu. Kowane babi ki rubuta lambar kwanansa a gefe, ki duba jadawalin kafin ki siffanta dare.

Wannan lissafi na takarda yana da iyaka. Ya ɗauka cewa komai na tafiya da sauri ɗaya, alhali watanmu kansa yakan saɓa wa 29.53 da sa'o'i da dama daga wata zuwa wata, kuma watanni biyu za su riƙa jan juna. Ba zai tabbatar miki cewa za su zauna lafiya shekaru miliyoyi ba, wannan sai manhajar kwaikwayon falaki a kwamfuta. Don kauce wa matsalar, ki bar jan watan ya zama ƙarami sosai a nauyi, tazarar hanyoyinsu kuma ta kasance mai faɗi kamar yadda muka tsara. Ba zai ba ki ranakun husufi ba sai kin ƙara lissafin karkatar hanyar kowane wata. In husufi ɗaya ko biyu kawai labarin ke bukata, ki zaɓi daren da jadawalin ya nuna cikar wata ki sa shi a nan, sannan ki bar tazarar kusan rabin shekararsu, wato wata shida na babban, kafin wani ya sake faruwa.